Yadda Za Ka Sa Hotunan Shafin Kamfani Su Yi Tafiya Kafin Baƙin Maraɗi Su Iso

Kai da ake kira Injiniya a ofis alhali ko ƙofar makarantar injiniyoyi ba ka taɓa leƙawa ba, matso kusa, yau taka ta yi kyau. Na san abin da ya hana ka cin abincin rana. Kamfaninku yana da shafi a intanet, a saman shafin akwai jerin hotunan nan da ake kira silaida, waɗanda ya kamata su riƙa wucewa da kansu ɗaya bayan ɗaya. Naka sun ƙi. Hoton farko ya kafe, ko gezau, kuma mai gida ya ɗiba maka wa'adi.

Kwantar da hankalinka. In ka bi matakan nan daki-daki, ba ka tsallake ko ɗaya ba, na ba ka tabbaci ɗari bisa ɗari hotunanka za su yi tafiya. Ba labari na ji ba. Ni Sagir da hannuna na gwada su a wani kamfanin robobi da ke Sharaɗa, inda ake buga bokiti da buta da baho da sauran kayan roba, kuma sun yi aiki har sun wuce yadda aka nema.

Mataki na ɗaya: Fara sanin abin da za ka rasa

Kafin ka taɓa kwamfuta, taɓa kujerarka. Shafa ta. Juya a kanta sau biyu. Ɗaga kai ka kalli esin da ke hura maka sanyi a ƙeya. Wannan ake magana a kai, ba hoto ba.

Ni shekara huɗu na yi a ɗakin inji ina cire bokiti da zafinsa. Wanda bai taɓa shaƙar warin narkakkiyar roba daga safe zuwa la'asar ba, ba zai gane abin da nake faɗa ba. Tari na kwaso a can wanda sai da na yi wata shida a ofis kafin ya sake ni. Ba zan ɓoye maka ba, tsoron ɗakin nan nake ji har cikin raina.

Yadda na fito kuwa, ikon Allah. An aike ni kai takarda ofis, na tarar an taru a kan firinta ta ƙi aiki. Na ga wayar wutarta a ƙasa, na sunkuya na jona. Alhaji Bashir, mai kamfanin, wanda ya gaji wurin daga mahaifinsa marigayi Alhaji Uba, ya dube ni daga sama har ƙasa ya ce, "Ashe muna da injiniya a gidan nan, muke ta kiran na waje?" Washegari aka ba ni tebur. Ban ce ni injiniya ne ba, ban kuma ce ba ni ba ne.

To, kowa ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski. Ranar wata Litinin Alhaji Bashir ya kira ni ɗakin tarbar baƙi, inda aka kafa ƙaton talabijin mai nuna shafin kamfani. Hoton farko na marigayi ne, cikin babbar riga da zanna bukar, yana murmushi.

"Injiniya," in ji shi, "yaushe rabon da ka ga hotunan nan sun motsa?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, ana kan dubawa."

"Ranar Alhamis manyan dilolinmu na Maraɗi za su zo. Ina so da sun zauna su ga kayanmu suna wucewa ɗaya bayan ɗaya, kamar na kamfanonin mutane. In ba su wuce ba, Baffa yana neman hannu a inji."

Baffa shi ne foman ɗin ɗakin inji. Kwana uku ke nan tsakanina da shi.

Mataki na biyu: Kada bakinka ya furta "ban sani ba"

Wannan kalma ta raba mutane da yawa da esi. Maimakonta, tsaya gaban talabijin ɗin, rungume hannu, karkata kai gefe guda. Ja tsaki a hankali, irin na likitan da ya ga an kawo mara lafiya a makare. Sannan tambaya cikin takaici, "Wa ya taɓa wannan?"

Babu wanda zai amsa, amma kowa zai fara tunanin ko shi ne. Da zarar mutane sun shiga binciken kansu, sun bar binciken ka.

In an matsa maka, ka ce matsalar daga saba ce, wato babbar kwamfutar da ke riƙe da shafin. Duk faɗin Sharaɗa babu wanda ya taɓa ganin saba da idonsa, don haka babu mai zuwa ya tambaye ta.

Mataki na uku: Ɗora wa netwok, in ya ƙi ɗauka ka ɗora wa wuta

Allah ya yi mana baiwa da waɗannan bayin biyu. Ba sa musu, ba sa kai ƙara, kuma kowa ya san halinsu. Ka ce netwok ɗin unguwar nan ba shi da ƙarfin tura hoto. Ka ce yawan sauyawa daga wutar gwamnati zuwa janareto ya rikita wa shafin lissafi. Ni har cewa na yi tirelolin da ke wucewa Challawa suna girgiza waya a ƙarƙashin ƙasa, kuma mutum biyu suka gyaɗa kai.

Sai dai ka sani, wannan mataki na kwana ɗaya ne tak. Da yammacin Litinin Alhaji Bashir ya tsaya a bakin motarsa ya ce, "Injiniya, netwok ɗin da ya kasa tura hoto ɗaya, ya aka yi direbana yake kallon ƙwallo da shi tun azahar?"

Na ce, "Ranka ya daɗe, ƙwallo hanyarta daban."

Ya dube ni, ya shiga mota. Ka lura bai yi dariya ba.

Mataki na huɗu: Kashe ka kunna, amma sai da 'yan kallo

Duk ilimin kwamfuta na duniya a cikin kashewa da kunnawa yake, sauran duk ado ne. Sai dai kada ka yi shi kai kaɗai. Aikin da ba a gani ba, ba a yi shi ba. Jira har ɗakin ya cika, ka nannaɗe hannun riga, ka nemi a ɗan matsa maka.

Kwamfutar da ke tura wa talabijin hoto tana kan teburin Hajiya Atika, sakatariya. Shekararta ashirin da bakwai a kamfanin. Marigayi ne ya ɗauke ta aiki tun ana buga takarda da tafireta, kuma ita kaɗai ce take kiran Alhaji Bashir da sunansa kai tsaye ya amsa. Ni kuma ba ta taɓa ce mini Injiniya ba, sai dai Sagiru.

Ranar Talata da safe na ce, "Hajiya, ku ɗan ba ni wuri."

Ta tashi da kofin shayinta ta koma gefe. Na ja linzamin kwamfutar, wato maus, na share duk tarkacen da kwamfutar ta tara, na kashe, na ƙirga goma da ƙarfi don a ji, na kunna. Shafi ya buɗe. Marigayi ya bayyana. Sai ga hoton ya fara zamewa gefe.

Ban tsaya ganin ƙarshen zamewar ba. Na kwasa a guje har ina ture kwandon shara, na hau bene, na ƙwanƙwasa ofishin Alhaji. "Ranka ya daɗe, an gama! Ku zo ku gani!"

Muka sauko tare. Hajiya Atika ta koma kujerarta tana shan shayi. Marigayi yana nan a talabijin, yana murmushi, ko ƙifta ido bai yi ba. Muka tsaya minti biyu cur.

"Me zan gani?" in ji Alhaji.

"Yanzun nan ya motsa, wallahi."

"To ka ce masa ya sake."

Sau uku aka yi haka ranar. In ina zaune, hoto ya tafi. In na je na dawo da Alhaji, ya tsaya. A karo na uku bai ma sauko ba, ta taga ya leƙo ya ce Baffa yana gaishe ni.

Mataki na biyar: Tafi neman wanda ya gina shafin

Ko ba ka same shi ba, tafiyar kanta aiki ce. Daga Sharaɗa zuwa Bompai a adaidaita sahu, da cunkoson tsakar rana, rabin yini ya tafi, kuma duk wanda ya tambaya za a ce masa Injiniya ya fita kan maganar shafi. Riƙe fayil a hannu ko da babu komai a ciki.

Wanda ya gina namu sunansa Auwalu. Na isa inda aka ce ofishinsa yake, na tarar ana sayar da batiran sola. Mai shagon ya ce Auwalu ya koma Abuja tun bara, amma ya ba ni lambarsa. Sai a kira na biyar ya ɗauka.

"Ka shiga saiti," in ji shi, yana tauna wani abu. "Kalmar sirrin tana manne a ƙarƙashin kibod. Duba ko maɓallin da ke sa su tafiya da kansu a kunne yake."

"A kunne yake," na ce, ko da yake ban san inda yake ba.

"Hotunan sun wuce ɗaya?"

"Shida ne."

"A wayarka suna tafiya?"

Na buɗe shafin a wayata nan a bakin titi. Suna tafiya kuwa, 'yan mitsi-mitsi, rana ta haske gilashin ban ma ga ko mene ne ba.

"To malam, shafi lafiyarsa ƙalau. In a talabijin ɗin ne kaɗai yake tsayawa, wani ne yake riƙe shi." Ya kashe wayarsa.

Ka ga amfanin masana. Ka zo da matsala ɗaya, ka koma da ita da tsoro a kai.

Mataki na shida: Kada maganar ta kai ɗakin inji

Za ta kai. Ni direban Alhaji kaɗai na gaya wa abin da Auwalu ya ce, shi ma sai da na ce ya riƙe. Kafin a tashi aiki labari ya zagaye kamfani cewa marigayi ya ƙi sauka daga talabijin. Masu ɗaukar kaya suka riƙa leƙowa ta ƙofa suna sallama. Mai gadi ya ce shi dama ya san Alhaji Uba ba mutumin da zai bar kamfaninsa a hannun yara ba ne. Baffa kuwa ya aiko a tambaye ni lambar takalmina, wai don ya ajiye mini na aiki.

In ka kai nan, yi murmushi ka ce kimiyya ba ta san wannan ba. In za ka wuce gaban talabijin ɗin kai kaɗai, ba laifi ka ɗan ƙara sauri.

Mataki na bakwai: Laɓe

Gani ya kori ji. Ranar Laraba da safe, saura kwana ɗaya, na sake kashewa na kunna. Hoto ya fara tafiya. Na ce da ƙarfi, "Bari in kira Alhaji," na buga ƙafa kamar mai hawa bene, sannan na dawo a hankali na tsuguna bayan tarin bahon da aka jera don nuna wa baƙi.

Hajiya Atika ta ajiye kofinta. Ta zauna. Ta jira har jerin ya zagayo kan marigayi. Sai ta kama maus, ta ja 'yar kibiyar nan a hankali ta ɗora ta daidai kan aljihun babbar rigarsa. Hoto ya tsaya cak. Ta ɗauko abin maƙala takardu ta tokare maus ɗin da shi don kada wani ya ture, ta ci gaba da shan shayinta.

Ashe an saita silaidar ne yadda in kibiya tana kan hoto zai tsaya, don mai kallo ya more. Abin da ya hana ni sukuni kwana uku ke nan. Na miƙe, baho biyu suka faɗi.

"Hajiya! Ashe ku ne?"

Ko razana ba ta yi ba. "Ni ce, Sagiru. Tun ranar da aka kafa talabijin ɗin nan. Ɗauke bahon mutane."

"Kwana uku ina zufa, har Bompai na je! Kuna ji ana cewa za a mai da ni inji, kuka yi shiru?"

"Na so in ga ko za ka tambaye ni. Ba ka tambaya ba, wuri kawai kake cewa in ba ka." Ta jawo kujera da ƙafa. "Zauna in gaya maka. Na taɓa gaya wa Bashir, yana kan waya, ya ce in bar wa injiniyoyi. Mutanen nan da za su zo gobe, Alhaji Lawan da jama'arsa, tare suka yi fatauci da marigayi tun ba a haife ka ba. Tun rasuwar ba su taka kamfanin nan ba. Ka san abin da za su fara yi da sun shigo suka ga fuskarsa? Kuma ka taɓa zama ka kalli abin da yake..."

Mataki na takwas: Kada ka saurari wanda bai san kwamfuta ba

Nan ne gwanaye suke bambanta da 'yan koyo. Dattijuwa za ta so ta ja ka cikin tarihi, alhali kai gobe ce a gabanka. Ɗaga hannu cikin ladabi ka tare ta.

Na ce, "Hajiya, ku yi haƙuri, wannan harka ce ta fasaha."

Ta ce, "To, Allah ya ba da sa'a." Ta ɗauki kofinta ta tashi.

Yanzu toshe duk wata kafa. Ɗaga kibod, kwafi kalmar sirri, shiga saiti. Danna duk abin da ya yi kama da maɓalli har ka dace da wanda ke sa hoto tsayawa in kibiya ta hau shi, ka kashe shi. Za ka ga inda aka rubuta daƙiƙun da kowane hoto zai yi. Namu goma ne. Goma ta yi yawa, mai gida zai iya shigowa ya fita bai ga motsi ba. Na mai da shi uku.

Sannan zare maus ɗin gaba ɗaya ka sa a aljihun wando. Wanda ba shi da linzami ba ya tsai da doki.

Kada ka ɓata lokaci wajen zama ka kalli jerin daga farko har ƙarshe. An ɗauke ka aikin motsi ne, ba aikin kallo ba. Ni da na kira Alhaji, ya tsaya a bakin ƙofa da waya a kunne, ya ga bokiti ya wuce, buta ta biyo, ya ɗaga mini babban yatsa ya koma. Ranar har kilishi na saya a hanyar gida.

Mataki na tara: Ranar baƙi, tsaya inda za a gan ka

Sa shaddarka ta Juma'a. Rataya katin aiki a wuya. Tsaya daf da talabijin, hannu a baya, yadda duk wanda ya yaba zai san wa zai kalla.

Ƙarfe sha ɗaya motoci biyu suka shigo. Alhaji Lawan dattijo ne dogo, mai farin gemu, yana dogara sanda, da mutum huɗu a bayansa. Alhaji Bashir ya tarbe su tun daga ƙofa yana ta russunawa. Suna sa ƙafa a ɗakin, jerin ya zagayo, marigayi ya cika talabijin.

Dattijon ya tsaya cak. Ya ƙura wa hoton ido.

"Allahu akbar," in ji shi. "Wanga ba Uba ba ne? Kai, duniya. Jama'a, kahin mu zamna, mu yi mishi addu'a."

Abin da Hajiya take so ta gaya mini ke nan. Kowa ya sani, ni ma na sani, ba a ganin hoton mamaci a wuce ba a roƙa masa gafara ba, balle abokin shekara arba'in. Kowa ya ɗaga hannu. Baƙi, Alhaji Bashir, Hajiya Atika, direbobi, har ni. Idon kowa yana kan fuskar marigayi. Alhaji Lawan ya fara addu'a.

Daƙiƙa uku suka cika.

Marigayi ya zame gefe. Abin da ya maye gurbinsa, a talabijin mai faɗin ƙofa, fo ne, abin zaman bayan gida na yara, ruwan hoda, mai kan agwagwa a gaba. A ƙarƙashinsa an rubuta da manyan baƙaƙe: YANA ƊAUKAR NAUYI, BA YA TSAGEWA.

Mutum goma sha ɗaya, hannu a sama, muna fuskantar fo.

Ka san ba a katse addu'a. Ka kuma san addu'ar dattijon da ya yi kewar amininsa ba ta daƙiƙa uku ba ce. Fo ya wuce, baho ya zo, bokiti, buta, kujera, sai ga marigayi ya dawo. Na ji wani ya sauke ajiyar zuciya. Kafin a kai amin ta gaba, agwagwa ta sake leƙowa. Ɗaya daga cikin baƙin ya saki wani sauti ta hanci, ya yi maza ya mai da shi tari. Kunnuwan Alhaji Bashir har wani sheƙi suke yi.

Ni kuwa ina tsaye, maus yana aljihuna, ga shi ko na mai da shi ba zai tsai da komai ba tunda na kashe abin da hannuna. Na roƙi Allah a ɗauke wuta. Wutar Sharaɗa, wadda ba ta iya awa guda ba ta ƙifta ba, ranar ta zauna daram kamar an biya ta sadaki.

A zagaye na uku Hajiya Atika ta sauke hannunta, ta taka a hankali ta bayan baƙi, ta zare wayar talabijin daga bango, ta dawo wurinta ta sake ɗaga hannu. Aka ƙarasa addu'a a gaban baƙin gilashi. Aka shafa.

Alhaji Lawan ya goge idonsa da gefen rawani, ya dubi Alhaji Bashir.

"Bashir, babanka mutum ne mai ban dariya, mun sha tsiya tare. Amma ko shi bai taɓa yi mini irin wagga ba." Sai kafaɗunsa suka fara girgiza, dariya ta ƙwace masa, jama'arsa suka samu ƙofa suka taya shi. Da ya lafa ya ce, "Amma fa abin nan na da kyau. Sau ukku na gane shi. Launi nawa kuke bugawa?"

Kafin la'asar ya ba da odar tirela biyu. Kowa ya yi dariya ranar, ban da mutum ɗaya.

Mataki na goma: Karɓi sakamakonka da hannu biyu

Bayan an raka baƙi Alhaji Bashir ya kira ni ofis. Bai ɗaga murya ba, kuma na fi son a ce ya ɗaga.

"Sun yi tafiya, Injiniya. Ban musa ba."

"Ranka ya daɗe..."

"Mahaifina ne. A gaban abokansa." Ya mai da idonsa kan tebur. A nan ne kunya ta gaskiya ta kama ni, don na ga ba fushin mai kamfani ba ne a fuskarsa, ciwon ɗa ne. Na ba da haƙuri, ya gyaɗa kai.

"Na haƙura," in ji shi. "Amma oda ta shigo, tirela biyu, Baffa kuma hannu bai ishe shi ba. Wanda ya tallata kaya shi ya fi dacewa ya buga su. Ajiye katin a nan."

Na ajiye. Na sauko na ciro maus daga aljihu na ɗora a teburin Hajiya Atika. Na tsaya ina jiran ta ce ai ta gaya mini, don ta ci ta faɗa. Ba ta ce ba. Na ce, "Hajiya, ku yafe mini." Ta jawo aljihun teburinta ta miƙo mini sabon takunkumi mai kauri, har yanzu a ledarsa.

"Tun jiya na saya," in ji ta. "Ka riƙa sawa, Sagiru, ƙirjinka ba shi da ƙwari."

Sanarwa

Marubucin waɗannan matakai ba shi da alhakin duk abin da ya biyo bayan amfani da su, ko a kan kujera, ko a kan mutunci, ko a kan huhu. Bai san ka ba, bai aike ka ba, in an tambaye shi zai ce bai taɓa ganin ka ba. Wanda ya bi su ya ga daidai, rabonsa ne. Wanda ya ga akasin haka, ya je ya nemi dattijuwar ofishinsu ya zauna ta ƙarasa maganarta.

Mai ƙorafin da ya nace sai ya gan ni, ya zo Sharaɗa ya tambayi Baffa inji na huɗu. Ya ɗaga murya sosai don ba a ji a wurin, kuma kada ya miƙo hannu mu gaisa, duka biyun a cike suke. Tirela ta farko ma ba mu kai rabinta ba.